Lumsau na Yayana

Kwanakin baya na je gida gaisuwar rasuwa, na hau bayan wani yaro mai kabu-kabu daga Kebbe. A hanya muka tsaya wurin mai sayar da fetur a kwalabe, sai gardama ta kaure tsakaninsu a kan wani labari da aka ji a rediyo. Mai fetur ya dage cewa gaskiya ne, yaron ya yi tsaki ya ce, "Rabu da mu, wanga ai lumsau ne." Da muka koma kan hanya na tambaye shi ko mene ne lumsau. Ya ce, "Baba, hakanan munka tashi munka ji ana faɗi. In mutum na zancen da ba kai ba gindi, irin na masu taɓin hankali, sai a ce lumsau shika yi." Na ce masa to. Bai san cewa tsohon da ya goyo a bayansa, shi ne ya jawo kalmar ta koma haka ba, ni kuma ban gaya masa ba.

Na roƙe shi ya bi da ni ta bakin gulbi kafin mu shiga gari. Da ban san wurin tun ina ƙarami ba, da na ce ɓata muka yi. Ruwan ya ja baya ya tsuke, injinan ban ruwa sun jeru a gaɓa suna ta ƙara, kowanne da doguwar robarsa, hayaƙi yana tashi. Mutum biyu suna tsaye kusa da juna amma sai sun ɗaga murya. A zamaninmu abin da ake ji a wurin nan kukan jigo ne, wannan doguwar sanda da ake ɗaura wa guga a ja ruwa zuwa lambu. Kowane jigo da irin kukansa, har idan kana tafe daga nesa za ka san lambun wa aka fara yi wa ban ruwa. Bayan shi akwai bugun wankin mata a kan dutse, da shanun Fulani idan sun gangaro shan ruwa da hantsi, makiyayi yana kiran kowace da sunanta. Na sauka na taka yashi ina dube-dube ko zan ga ɓawon makankari ko guda ɗaya. Leda na gani, da murafun kwalabe.

Yaran yanzu ba su san makankari ba. Wata 'yar halitta ce mai ɓawo biyu da ke kwance a lakar gulbi, tana buɗewa tana rufewa a hankali. Mu ba cin namanta muke yi ba, ɓawon ake so. Da shi Inna ke kankare ƙanzon tukunya, da shi ake gyara cikin sabuwar ƙwarya, tsofaffi masu kaɗi kuma su ƙona shi su samu farin garin da suke dangwala a yatsa. Idan rani ya yi ruwa ya janye, aikin yara ne su tsinto shi. Bayansa baƙi ne mai kaushi, amma cikinsa sumul yake, idan ka juya shi a rana sai ka ga launi yana gudu a ciki. Yau mata soson ƙarfe suke saye a kasuwa, kaɗi kuwa an daina. Ban ce hakan laifi ba ne, aikin ya fi sauƙi.

Mu biyu ne maza a gidanmu, ni da Yaya. Ya girme ni sosai. Shan inna ya kama shi yana fara tafiya, ƙafafunsa biyu suka shanye, ya tashi yana jan jiki da 'yan katako biyu a hannu. Daga ƙugu zuwa sama kuwa, kafaɗunsa irin na 'yan kokawa ne. A makarantar allo ya wuce duk sa'o'insa. Kowace safiyar rani ni ke ɗora shi a jaki mu tafi lambun albasarmu. Baba yana jan jigo, Yaya yana bin fangali da 'yar fartanya, ya buɗe wa wannan ruwa ya toshe wancan. Baba yakan ce masa kada ya yi gaggawa, ya bar kowane fangali ya sha ya ƙoshi. Idan rana ta ɗaga sai Yaya ya koma gindin wani marke da ke gaɓa ya hau tufkar igiya, wadda Fulani ke saye suna ɗaure maruƙa. A nan yara ke kewaye shi, ni ne kuma na fi kowa matsowa.

A gindin marken nan lumsau ya fito. Ba zan manta yadda ya fara ba. Na kawo masa wani babban ɓawon makankari, ya juya shi ya ce, "Auta, wanga ɗan ƙarami ne. Ba ka ga uwayensu ba." Ya ce a ƙarƙashin gulbinmu akwai wata ƙasa, wadda cikin gulbin shi ne samaniyarta. Idan kwalekwale ya wuce ta sama, su a wurinsu gajimare ne. Idan kada ya wuce, hadari ya taso ke nan, kowa sai ya shiga ɗaki. Rana ba ta kai can, don haka haskensu daga wani irin makankari yake fitowa mai faɗin faifai, sunansa lumsau, saboda yadda yake buɗewa da rufewa kamar idon mai jin barci. Idan lumsau suka buɗe, gari ya waye. Idan suka rufe, dare ya yi. Ba laka suke ci ba, amo suke ci. Kukan jigo da bugun wanki da kiran shanu duk nutsewa suke yi ƙasa, lumsau su buɗe baki su tara. Da damina, idan an daina jigo, tsawa ce abincinsu, shi ya sa a lokacin haskensu ke yin ja.

Bai tsaya nan ba. Kullum sai ya ƙara wani abu, kuma bai taɓa mance abin da ya faɗa jiya ba. Mutanen ƙasar kiwon lumsau suke yi kamar yadda Fulani ke kiwon shanu, suna ƙaura da su zuwa inda amo ya fi yawa, musamman ƙarƙashin mashigi ranar kasuwa. Ba a yanka su. Idan ɗaya ya tsufa ya mutu, a ɓawonsa ake kwantar da jariri, ko a yi ƙyauren ɗaki da shi. Amarya da lumsau biyu ake kai ta, don kada ta zauna a duhu. Ludayi ko ƙwarya da suka suɓuce wa mata a wurin wanke-wanke, can ana ajiye su a gidan sarki ana zuwa kallo. Yakan jera ƙananan ɓawo a yashi ya nuna mana unguwanni da hanyoyin kiwo. Ya ce mutanen can ba su da abin yi da ƙafa, da hannu suke tafiya cikin ruwa, wanda ya fi kowa ƙarfin kafaɗa shi ake naɗawa sarki. A lokacin dariya muke yi. Sai da na girma na gane dalilin da ya sa ƙasar ta zama haka.

Inna ta taɓa jin mu ta ce ba a tatsuniya da rana. Yaya ya ce, "Inna, ba tatsuniya ba ce, labarin wata ƙasa nika ba su." Ta yi dariya ta wuce da tulunta. Babu wanda ya ɗauke shi da wata manufa. Mu yara mun san shi ke shirya abinsa, domin wani lokaci yakan tsaya ya tambaye mu, "To yanzu in ɓarawo ya zo satar lumsau, ta yaya za shi ɓoye hasken?" Mu yi ta kawo dabara, ya zaɓi wadda ta yi masa.

Da umarni ya zo cewa gidanmu zai ba da yaro ɗaya a makarantar boko, dogari ya shigo zaure ya dube mu mu biyu. Ya dubi ƙafafun Yaya, ya nuna ni. Baba ya ce a hankali, "Mai ƙwaƙwalwar ga shi nan zaune." Dogari ya juya ya fita. Yaya ne ya tufka mini igiyar da na ɗaure tabarmata da ita. Na yi ƙananan azuzuwa a Kebbe, sannan aka tura mu Tambuwal, aka ajiye ni gidan wani abokin Baba mai sayar da hatsi.

Tambuwal ta yi mini girma. Yaran gari suna da takalma, sun san sunayen motocin da ke bin hanyar Sakkwato, ni kuwa kaushin ƙafata kaɗai ya isa ya nuna daga inda na fito. Ɗan gulbi suke kirana, idan na shigo aji wani ya toshe hanci ya ce ana ƙarnin kifi. Karatuna tsaka-tsaki ne, babu abin da na yi fice a kai. Malaminmu saurayi ne da bai daɗe da fitowa daga makarantar horon malamai ba, mutum mai son sanin halittu. Yana da wani tebur a kusurwar aji da ya tara sheƙar tsuntsaye da saɓar maciji da duwatsu iri-iri. Shekarar da za a karɓi mulkin kai ce, ko'ina maganar ke nan, a rediyon gidan hakimi da bakin kasuwa. Malam ya ce idan lokacin biki ya zo makarantarmu za ta baje abubuwan ƙasarmu manya su gani, don haka kowa ya rubuto bayanin wata halitta ta garinsu.

Wasu suka rubuta bushiya, wasu damo. Ni na zauna na rubuta lumsau. Kuma ban yi shi cikin rashin sani ba, wannan shi ne abin da ya fi damuna. Na cire mutanen ƙarƙashin ruwa, na cire amarya da sarki, domin na san ba za a yarda da su ba. Na bar abin da zai shiga kunne: makankari mai faɗin faifai, yana zaune a wuri mai zurfi, cikinsa yana haske a duhu, yana buɗewa idan ya ji ƙara. Washegari Malam ya karanta wa aji takardata tun daga farko har ƙarshe. Ya dube ni ya ce, "Ka gan shi da idonka?" Na ce na gani. Ya ce sau nawa, na ce sau uku. Ranar yaran da ke toshe hanci suka kewaye ni a filin wasa suna tambaya, ni kuma ina ta ƙari. Ban taɓa jin daɗi irin na ranar ba, kuma ko sau ɗaya ban ambaci Yaya ba.

Na ɗauka maganar za ta mutu a aji. Malam ya duba littattafansa bai samu ba, ya tambayi na gaba da shi su ma ba su sani ba. Maimakon ya yi shakka sai murna ta kama shi. Ya ce mana, "Kun gani ko? Akwai abubuwa a ƙasarmu da ko Turawa ba su rubuta ba." Ya ce idan an yi hutun bazara, ruwa ya ja baya, zai zo garinmu da kansa a ciro guda ɗaya. Tsakanin ranar da hutu akwai makonni. Kowace safiya ina cewa yau zan same shi in faɗa masa gaskiya, kowace yamma in koma gida ban faɗa ba. Da na dawo hutu ma ban gaya wa Yaya komai ba. Na zauna a gindin marke ina jin sa.

Malam ya zo ranar kasuwar Kebbe. Ya biyo babbar mota da kekensa a sama, ya ƙarasa garinmu a kan keken, wandonsa duk ƙura. A zamanin nan zuwan malamin boko ƙauye ba ƙaramin abu ba ne. Mai gari ya sauke shi, ya sa aka kira sarkin ruwa, wato shugaban masuntanmu. Tsohon ya saurara ya ce shi dai tun yana yaro yake cikin ruwan nan bai taɓa ganin irin wannan ba, amma tunda ɗan makaranta ya ce ya gani, za a duba. Washegari da hantsi masunta suka bar komarsu, masu lambu suka bar jigo, gari ya taru a gaɓa. Aka ce in nuna wurin. Na nuna wani gurbi mai zurfi kusa da lambunmu, don shi ne ya fara zo mini. Magidanta suka yi ta nutso suna fitowa da laka da makankari na yau da kullum. Wani ya yanke a tafin ƙafa, aka ɗaure masa da tsumma. Har rana ta take ba a samu komai ba.

Yaya yana gindin marke da igiyarsa a hannu. Tun da ya ji ana faɗin sunan abin da ake nema ya daina tufka. Na ga ya buɗe baki zai yi magana, sai ya dube ni ya fasa.

Sarkin ruwa ya fito yana tsiyayar ruwa, ya tsaya gaban mai gari ya ce, "Ranka shi daɗe, a tambayi yaron ga da kyau. Mutane sun bar aikinsu." Mai gari ya juyo gare ni. Malam ma ya juyo, ya ce cikin sanyin murya, "Faɗi gaskiya, ba abin da za a yi maka. Ka gani ko ba ka gani ba?" Idanun gari duka suna kaina, ga Baba a tsaye riƙe da guga. Na tuna bulala, na tuna kora daga makaranta, na tuna yaran Tambuwal idan labari ya kai musu. Na ce, "Ban gani ba. Yaya ne yac ce mani akwai shi."

Da na tsaya a nan, da abin ya zo da sauƙi. Da an yi dariya an ce yaro ya ɗauki wasa gaskiya. Amma na ga fuskar mai gari ba ta saki ba, sai na ƙara. Na ce, "Yac ce akwai mutane ƙarƙashin ruwa, shina magana da su kullum, su ka ba shi labari." Yaya bai taɓa faɗin haka ba. Ni na ƙirƙira a tsaye a wurin, kuma na san abin da mutanen ruwa ke nufi a kunnen garinmu. Na ji wata mata a bayana ta ce a'uzu billahi, ta janye ɗanta.

Mai gari ya taka har gindin marke, jama'a suka bi shi. Ya ce wa Yaya, "Kai kac ce ma yaron ga haka?" Yaya ya daɗe yana kallona. Ba harara ba ce, kallon mai lissafin abin da zai biyo baya ne. Sannan ya ce, "Awo, ranka shi daɗe, ni nac ce mai. Yaro ne, abin da anka gaya mai ya rubuta. Laifina ne. Don Allah Malam kada a kore shi." Malam ya yi ƙoƙarin cewa wataƙila labari ne irin na nishaɗi, amma surutu ya riga ya tashi, babu mai jin sa. Baba ya ajiye guga, ya kawo jaki, ya ɗora Yaya da kansa suka tafi gida. Igiyar da bai gama ba aka bar ta a wurin.

Da yamma aka ce in raka Malam bakin hanya. Yana tura keke ina biye har muka fita gari. Sai ya tsaya ya ce, "Ƙarya biyu ka yi. Ta farko ni ka yi wa, na yafe, ni ma da laifina da ban bincika ba. Ta biyu ba ni ka yi wa ba." Na sunkuyar da kai. Ya ce, "Na zauna da yaran garinku ɗazu, sun ba ni labarin ƙasar nan tasa. Wanda ya tsara wannan abu hankalinsa ya fi na duk wanda ke ajina. Ka koma ka faɗa wa mahaifinka gaskiya yau." Na ce to. Ya hau kekensa. Bai kai ƙarata ba, bai sake tayar da maganar ba har na bar makarantar.

Ban faɗa ba. Na shiga gida na tarar an turara ɗakin Yaya, an kawo masa rubutun sha. Inna tana kuka a madafa. Na ce a raina bari hankali ya kwanta tukuna, gobe. Goben ta zo na ga kamar an makara. Baba ya hana a sake kai Yaya bakin gulbi, wai kada mutanen ruwan su ƙarasa janye shi. Uwaye suka hana 'ya'yansu zama kusa da shi. Fulani suka koma sayen igiya wani wuri, domin ba sa iske shi a gaɓa. Akwai maganar aure da aka fara tsakaninsa da 'yar wani ɗan'uwan Inna, yarinyar ma tana son sa, amma maganar ta mutu ba tare da kowa ya ce an fasa ba. Mutumin da ya saba wuni a bakin ruwa ya koma wuni a zaure yana kallon bango. Hutu ya ƙare na koma Tambuwal. Ranar biki aka ba mu 'yan tutoci muka yi maci, aka baje sheƙar tsuntsaye da saɓar maciji, aka raba mana abinci, na ci.

Daga nan rayuwa ta yi ta tafiya da ni. Na gama karatu, na zama malamin gona, aka yi ta yawo da ni gari-gari. Idan na zo gida nakan kawo wa Yaya yadi da goro, in durƙusa a ƙofar zaure mu gaisa, in ce bari in shiga wurin Inna. Ban taɓa yarda mun zauna mu biyu ba. Shi kuma bai taɓa canza mini fuska ba, Auta yake kirana har na yi furfura. Da shekaru suka tura mutane suka ga ba ya duka ba ya zagi, aka koma kawo masa yara yana biya musu allo. Amma sunan ya riga ya zauna. Ko a gabana an sha cewa, ai kun san shi, yana da 'yan abubuwansa. Ni da na san ba shi da komai, sai in yi shiru.

Sai bayan rasuwar Baba da Inna na samu ƙarfin hali. Na zo da motar wurin aiki, na ce masa ina so mu je bakin gulbi. Ya dube ni ya ce to. Na ɗauke shi na sa a mota, na ji ya yi sakayau, kafaɗun nan duk sun zube. An sare marken, sai muka zauna a inuwar motar. Ya daɗe yana kallon ruwa. Ni kuma na fara magana, na faɗi duk abin da ya riga ya sani, tun daga takardar aji har abin da Malam ya ce mini a bakin hanya. Na ce idan ya yarda, ranar Juma'a zan tsaya a ƙofar masallaci in faɗa wa gari.

Ya ce, "Wa ya rage, Auta? Mai gari ya tafi, sarkin ruwa ya tafi, Baba ya tafi. Shi ɗai nis so shi ji."

Ya ce, "Na yafe ma tun ranar. Yaro kake, tsoro ya kama ka. Da anka kore ka, da mu biyu duka muna zaure." Ya ɗebi yashi ya sake shi a hankali. "Abin da yab ba ni wahala daban ne. Cikin damanar nan da anka hana ni fita, na gano yadda lumsau ka haifuwa. Abu mai kyau ƙwarai, ya fi duk wanda nib ba ku. Nic ce in Auta ya zo hutu shi za ni fara ba. Kaz zo, kag gaishe ni daga ƙofa. Nic ce to, wani hutun. Shekara ukku ina aje da shi."

Na matso kusa da shi na ce, "Yaya, ga ni. Ba ni yanzu."

Ya gyara zama kamar yadda yake yi a da, ya share yashin gabansa da tafin hannu. Ya ce, "In damina ta yi tsakiya, ruwa ya kai ga saiwar itace..." Sai ya tsaya. Ya sake farawa daga wurin, ya sake tsayawa. Na ga leɓɓansa suna motsi, yana nema. Can ya girgiza kai ya yi ɗan murmushi, ya ce, "Ya tafi. Na daɗe ban duba shi ba."

Muka zauna har aka kira la'asar daga cikin gari. Ya ce in ɗebo masa ruwan gulbi ya yi alwala da shi, na ɗebo a murfin wata roba da ke cikin mota. Ya yi sallarsa a zaune a kan yashi, na bi shi a baya. Da muka idar ya ce in mai da shi gida, yaran allo suna jira. Bai kai damina biyu bayan wannan ba Allah ya karɓi abinsa. Ni na shiga kabarin na karɓe shi, kuma a cikin masu miƙo mini shi har akwai wanda ya ce Allah ya sa ciwon da ya sha ya zama kaffara. Na amsa da amin.